Surukina, Wanda Ba a Ji Ta Bakinsa Ba

Ranar sadakar uku a Mawashi na ga abin da ban saba gani a zaman makoki ba. Mutane sun zo yi wa mamaci addu'a, sun ɓige da musu a kan halinsa. Ba da ƙarfi ba, don liman na wurin. Amma duk wanda ya shafa fatiha sai ya ɗan jinkirta a kan tabarma ya ajiye nasa ra'ayin kafin ya nemi takalmansa.

Liman ya ce, "Allah Ya jiƙan Malam. Mutum ne mai haƙuri."

Ƙanen marigayin, wanda muke karɓar gaisuwa tare, ya karkato wajena ya ce a hankali, "Haƙuri? In haka ne dutse ma waliyyi ne."

Wani Bafulatani ya zo daga Kaikai, ya jingine sandarsa a bakin zaure ya durƙusa. Bai iya doguwar addu'a ba. Abin da ya ce kawai shi ne, "Shi kaɗai ya taɓa ce mini in fara magana." Ya ɗauki sandarsa ya tafi.

Can gefe kuma, inda tabarma ta ƙare ƙasa ta fara, wani tsoho ne zaune wanda idonsa ya soma tafiya. A kan jaki aka kawo shi daga Kankia. A dā masinja ne a ofishin ilimi. Ba wanda ya ce masa ya matso. Da labarin zuwansa ya shiga cikin gida, surukata, matar marigayin, ta aiko da ƙwaryar fura, ta ce a ba shi, amma kada a ce daga hannunta ta fito.

Na ga in aka bar wannan mutum a bakin masu gaisuwa, kafin arba'in za a raba shi gida-gida kamar naman sadaka, kowa ya tafi da tsokar da ta yi masa daɗi. Shi ya sa na ɗauki alƙalami. Uban matata ne, saboda haka mai karatu zai yi haƙuri, ba zai ga sunansa a nan ba. Baba nake ce masa.

Na fara saninsa ne a makarantar elemantare a Kankia, ina sabon malami, shi kuwa ya daɗe. Bango ɗaya ne tsakanin ajinsa da nawa, bangon kuwa bai kai rufi ba, don haka rabin abin da na iya na koyarwa ta saman bangon nan na sato shi. Ba ya duka sai ya tambaya. Yaro zai makara, Baba ya ajiye bulala a kan tebur ya ce, "To, faɗi." Yaron ya shirya ƙaryarsa tsaf. Baba ya saurara har ƙarshe, ya gyara masa nahawun ƙaryar, sa'an nan ya zane shi.

Abin da ya raba shi da ajin nan suna ne.

Baba ɗan fari ne, an kuma sa masa sunan kakansa na wajen uba. Kowa ya san abin da wannan ke nufi a gidajenmu. Uwarsa, wadda duk muke kira Inna, kunya biyu ta hau kanta a suna ɗaya, ta ɗan fari da ta suruki. Tun yana zanen goyo aka sakaya sunan da laƙabi, laƙabin ya bi shi gona, ya bi shi kasuwa, har mutanen Mawashi suka manta yana da wani. Sai da aka kai shi makarantar horon malamai a birni aka tono sunan yankan, aka liƙa masa sunan gari a baya, yadda Turawa suke so. Ba su san Mawashi ba, sai suka rubuta Kusada. Aka yi rashin sa'a akwai wani yaro ɗan cikin garin Kusada mai wannan suna sak. Suka zauna aji ɗaya, suka yi jarrabawa rana ɗaya. Ɗaya ya ci, ɗaya ya faɗi. Wanda ya faɗi ya koma gida, sanƙarau ya ɗauke shi a wannan bazarar.

Shekaru suka wuce lafiya. Sai wani, wanda har yau ban san ko wane ne ba, ko da yake ina da zato, kuma zato zunubi ne ko da ya zama gaskiya, ya kai magana birni cewa wanda ya ci jarrabawar shi ne ya mutu, wanda ya faɗi kuma ya ɗauki takardar shaidar mamaci yana cin albashin hukumar En'e da ita.

Baturen makaranta na lokacin ba azzalumi ba ne, kada a ce na ce. Mutum ne mai son aikinsa, ya ma ci jarrabawar Hausa da yabo, har ba ya yarda a yi masa tafinta. Da maganar ta iso gare shi bai tura kowa ba, ya ce shi zai bincika da kansa in ya fito rangadi. Ya ɗauki masinjansa suka nufi Kusada.

Gidan mamacin ya fara zuwa. Yaron nan auta ne a wurin uwarsa, auta kuwa ba a jin kunyarsa. Da ta ji an ambaci sunansa sai ta fashe da kuka, tana maimaita sunan, tana cewa ɗanta ne, ba wanda ya kai shi karatu a duk ƙasar nan, malamansa ma tsoronsa suke ji. Wace uwa ce za a tambaya a kan autanta da ke kabari ta ce daƙiƙi ne? Bature ya rubuta.

Daga nan ya wuce Mawashi. Mahaifin Baba ya riga ya rasu, ƙanensa yana gona. Aka ce Inna ta zo bayan ƙyauren zaure. Bature ya gaishe ta da Hausarsa mai tsabta, sa'an nan ya ɗaga murya ya kira sunan nan, sunan surukinta kuma sunan ɗanta na fari, a gaban maƙwabta da suka taru kallon doki. Ya ce, "Ɗanki ne?"

Inna ta ja mayafi ta ce, "Ɗan mutane ne."

Ya ce, "Kin san mai wannan suna?"

Ta ƙara jan mayafi. Da ya matsa ta ce, "Ni mi na sani."

Ko akuyar gidan ta san ma'anar wannan amsa. Duk wanda aka haifa tsakanin Kankia da Kusada, in ya ji mace ta ce wa yaro ɗan mutane, ya san ba wanda ya fi shi kusa da hantarta. Amma wannan ba ya cikin littafin da Bature ya karanta. Ya rubuta cewa uwa ɗaya ta amsa sunan da hawaye, ɗayar ta ce ba ta san shi ba. Masinjan yana tsaye riƙe da linzami, ya ji komai, ya gane komai. Shekaru bayan haka da aka tuhume shi, cewa ya yi, "Ba a tambaye ni ba. Kun taɓa ganin masinjan da ya gyara wa Bature Hausa ya kwana da rigarsa?" Takardar shaidar Baturen kuwa, ta cin jarrabawar Hausa, ban taɓa jin wanda ya yi shakkarta ba.

An tambayi uwar mamaci, an tambayi uwar mai rai. Mai ran yana Kankia, a kan hanyar da dokin ya bi zuwa da komowa, ba wanda ya tsaya.

Ina cikin ajina wata hantsi na ji muryar Baba ta katse a tsakiyar jimla. Na leƙa. Hedimasta ne tsaye a gabansa, kansa a sunkuye, yana cewa umarni ne daga sama. Baba ya ce, "Laifin mi?" Aka faɗa masa. Ya ce, "To yaushe za a kira ni?" Hedimasta ya ce, "An riga an gama bincike, Malam." Ya miƙa hannu, Baba ya sa masa allin a tafi, ya kakkaɓe yatsunsa a jikin riga, ya ce wa yara su zauna shiru har wani ya zo. Ni aka turo in riƙe ajin. Na ce wa hedimasta akwai waɗanda suka yi aji ɗaya da su a birni, suna nan da ransu, a tambaye su mana. Ya dube ni ya ce, "Kai wa ya tambaye ka?"

Baba ya tafi birni a ƙafa. Ya zauna a bakin ofis har masu gadi suka saba da shi suka fara ba shi goro. Kullum amsa ɗaya, an rufe magana. Ya je wurin alƙali, alƙali ya ce wannan ba shari'a ba ce, sha'anin aiki ne, hannunsa bai kai ba. A nan ne Baba ya faɗi maganar da ta zama tasa har ya mutu. Ya ce, "Allah Ya gafarta Malam, Iblis ma sai da aka tambaye shi abin da ya hana shi sujada kafin a kore shi. Kuma Mai tambayar Ya riga Ya san amsa." Alƙali ya ce wannan gaskiya ne, ya sa aka ba shi ruwa.

Da ya komo Mawashi aka yi rigimar da ta raba shi da ƙanensa, rabuwar da ba ta gama ɗinkewa ba. Ƙanen ya ce abin mai sauƙi ne. A ɗora Inna a jaki a kai ta gaban Bature, ta buɗe baki ta faɗi sunan sau ɗaya, ta ce na haife shi, shi ke nan.

Baba ya ce, "A'a."

"Kalma ɗaya, Yaya! Harshenta zai guntule?"

"Na ce a'a."

"To mu ci mi? Mu ci kunya? A dafa mana ita da kuka?"

Ashe Inna na jin su. Ta fito bakin zaure, ba ta dubi Baba ba, don ba ta taɓa dubansa ido da ido ba. Ƙanen ta duba ta ce, "In za a kai ni, a kai ni."

Baba ya ce, "A ce mata ta koma ciki." Da ta koma ya juyo ga ƙanensa ya ce, "Da kunyar nan ta haife ni, da ita ta rene ni. Ba zan sa ta tuɓe ta a gaban Nasara don a mayar mini da alli ba. Kuma ko ta faɗa, ita aka ji. Ni har yanzu ba a ji ni ba."

Na daɗe ina juya wannan magana, ban kuma gama ba. Rabin farkonta na ɗa nagari ne. Rabin ƙarshen ne ke hana ni sakewa, don a kansa gida guda ya sha wuya. Matata ta tashi ana nuna ta a bakin rijiya ana cewa ɗiyar mai takardar aro. Ƙanen ya nemi aure a Bauranya aka ce ba a ba gidan da ake cin kayan mamaci. Ranar da ni ma na aika neman aure, wani baffana ya ce mini, "Kai malamin En'e ne, ka kuwa san gidan da kake shiga?" Duk wannan Baba yana gani. Ya ɗauki fartanya, hannun da ya saba da alli ya yi kanta, bai sake ambaton kai Inna ko'ina ba, bai kuma bar kowa ya ambata ba.

Inna ta rayu shekaru bayan haka. Ba ta taɓa tayar da zancen ba, shi ma haka. Sai da ciwon ajali ya kwantar da ita ta ce a kira mata wancan. Ya zo ya tsuguna a bakin ƙofa. Ta juya fuskarta bango ta ce, "A ce wa wancan ya yafe." Shi ma bangon ya duba ya ce, "A ce mata an tambaye ta, ta amsa yadda aka koya mata. Ba ta da abin yafewa." Surukata, wadda ita ce kaɗai ta uku a ɗakin, ta ce ba ta san wanda za ta isar wa saƙo ba, sai ta fita ta bar su da bangon.

Zama da Baba bayan korar nan ba sauƙi gare shi ba, kada addu'a ta sa mu yi ƙarya. Gidansa ya zama kotu. Ba a hukunta kowa sai an ji ta bakinsa, ko da tuwo zai huce. Surukata takan ce, "Malam, yaron nan a hannunsa na kama ƙosan." Ya ce, "Na ji taki." Ta ce, "Ga mai a bakinsa!" Ya ce, "To a bar bakin ya yi magana." Ta taɓa ce masa saura akuya ya fara kira zaure. Ya ce in ta iya magana a turo ta.

Ni ma na taɓa gurfana. Matata ta yi yaji ta koma gida. Ya saurare ta tun daga farko har ta gaji, sa'an nan ya aika a kira ni. Na tsuguna nesa, ya juya mini gefe yadda suruki ke yi, ya ce wa ƙasa, "To, faɗi." Na faɗi. Ya ce, "Ita gaskiya ta faɗa, kai ma gaskiya ka faɗa. Ku tashi ku tafi, ku rage faɗa wa juna ita."

Bafulatanin nan na Kaikai kuwa, shanunsa ne suka shiga gonar Baba gero na bununi, suka yi ɓarna ba kaɗan ba. Samari suka kamo shi suka ɗaure masa hannu da rawaninsa. Baba ya ce a kwance shi, a ba shi ruwa, shi zai fara magana. Mutumin ya tsaya yana dube-dube, yana zaton wani salon duka ne. Da ya tabbata da gaske ake, ya ce burtalin da shanu ke bi tun zamanin kakansa wani maƙwabci ya nome shi bana, shanu kuwa ba su da fiffike. Baba ya tashi ya je ya gani da idonsa. Ya komo ya ce ɓarna dai an yi, ba ta goguwa, amma da rani ya zo ya kafa shanunsa a gonar su biya da taki. Ƙanensa ya ce, "An ci maka gero ka bi da fura. Allah Ya ba mu irin ɓarayinka."

Bana, da ake ta maganar mulkin kai ana ɗora 'ya'yanmu a kujerun da Turawa ke tashi, aka naɗa sabon jami'in ilimi. Yana cikin yaran da ke zaune a ajin nan ranar da aka karɓi alli. Ya aiko Mawashi cewa yana son ganin Malam a Kankia a kan tsohuwar magana.

Ban taɓa ganin Baba haka ba. Ya sa aka wanke babbar rigarsa aka kai wa mabugi. Ya yi aski. Surukata ta gaya wa matata cewa ba tun yau yake shiri ba, ta daɗe tana ganin leɓensa na motsi in yana noma, tana zaton tasbihi ne, sai wata rana ta matsa kusa ta ji yana cewa, "Na farko, ranka ya daɗe." Ni na raka shi. A hanya leɓen ne kawai ke aiki.

Muna shiga jami'in ya taso daga kujerarsa, ya zagayo tebur, ya durƙusa har ƙasa. Yaro mai ladabi, Allah Ya yi masa albarka. Ya ce, "Malam, an gama. Na gyara komai. An wanke ka, sunanka ya koma inda yake."

Baba ya ce, "Madalla." Ya gyara zaman rigarsa ya jira. Can ya ce, "To, bismilla. Yi tambayarka."

"Ni in tambaye ka, Malam? Allah Ya tsare ni. Kai ka koya mini riƙe alƙalami."

"To wa ka tambaya?"

"Ba kowa, Malam. Ai na sani."

Baba ya dube shi, ya daɗe yana dubansa. Ya ce, "Shi ma wancan sani ya yi."

Yaron bai gane ba, ya yi dariyar ladabi, ya sa aka kawo goro. Baba ya karɓa, ya sa albarka, muka fito.

Yanzu ofis-ofis ana ta tantance takardun ma'aikata, wai kada mu karɓi mulki da gurɓatattun hannuwa. Ban ƙi ba, akwai masu takardar aro da gaske, na san wasu. Abin da nake roƙo ƙarami ne. Kafin a karɓi alli, ko allura, ko hular aiki daga hannun mutum, a kira shi, a gaya masa abin da aka ce, a ce to faɗi, a kuma jira ya gama. Wanda ya kori Baba ba maƙiyinsa ba ne, wanda ya wanke shi kuwa masoyinsa ne, amma da na dube su da kyau ban ga wanda ya fi wani sauraro ba. Wannan ne ke tsorata ni a kan gobe, fiye da launin wanda zai zauna a kujera.

A hanyarmu ta komowa, da muka tsaya ya huta a gindin wata tsamiya, na yi ƙarfin hali na ce, "Baba, in ka ga dama, ni zan saurara. Tun daga na farko."

Bai juyo ba. Ya ce, "Kai ka yarda tun ban buɗe baki ba. Mi zan yi da kunnen da ya riga ya yarda?"

Bai kai girbi ba. Abin da ya shirya faɗa duk shekarun nan, na farko da na biyu da abin da ke bayansu, ba wanda ya san shi, ya tafi da kayansa.

Da aka gama rufe shi aka yayyafa ruwa, liman ya juyo ga jama'a ya ce mu roƙa wa ɗan'uwanmu tabbata, domin yanzu ake yi masa tambaya. Kowa ya ɗaga hannu. Ƙanensa na gefena, ƙasar kabarin har gwiwar hannunsa, hawaye na bin gemunsa. Na ji ya ce, ba da ni yake ba, "Alhamdu lillahi, Yaya. An dai samu masu tambaya. Allah Ya sa ba sauri suke ba."

Na ce amin. Allah Ya jiƙansa, Ya ba shi ikon amsawa, Ya haɗa shi da Inna inda ba sauran bango.